Kunyar Ɗan Fari a Filin Ƙwallo

Ni na fara yi wa yaron nan guɗa, tun ƙwallon tana kai masa gwiwa. Ɗan yayata ne, ɗanta na fari, an haife shi a Greensboro shekarar da na zo karatu na sauka a gidansu. Yanzu ɗan ƙwallo ne a Sweden, ana biyansa albashi a kan abin da muka sha korarsa daga falo saboda shi. Har gobe in na faɗi wannan magana bakina ƙin rufuwa yake yi don daɗi.

Sai dai wanda bai san gidanmu ba ya kamata ya san wani abu tun yanzu. Yaya ba ta taɓa kiran sunan yaron nan ba. Ba ta yabonsa, ba ta haɗa ido da shi a gaban mutane, ba ta yi masa magana kai tsaye in akwai wanda za ta aika. A wurinmu wannan ba abin tambaya ba ne, kunyar ɗan fari ce. Haka mahaifiyarmu ta yi wa ita Yayar, har ta koma ga Allah "waccan" take ce mata. Yaya ta ɗauko al'adar nan tare da kukarta da daddawarta, ta sauke a wani gida mai ciyawa a gaba a unguwar Sedgefield. In tana so ya ci abinci ni take kallo ta ce, "Ki ce wa wancan tuwo na hucewa," alhali yana zaune a gabanta. A gida duk yaron da aka yi wa haka ya san ma'anarsa, don yana ganin ana yi wa ɗan farin maƙwabta. Shi kuwa maƙwabtansa iyayensu mata rungume su suke yi a bakin motar makaranta suna ce musu suna sonsu. Ga ƙannensa mata biyu, Yaya na kiran sunansu, tana jan kumatunsu, tana yi musu kirari. Mahaifinsa direban babbar mota ne, rabin wata yana kan hanya, kuma shi ma ba a bar shi a baya ba wajen kunyar. Yaron ya tashi yana ganin duk gidan shi kaɗai ne uwarsa ba ta damu da shi ba, mu kuma ba wanda ya lura cewa haka yake gani.

Ranar Asabar ta ƙwallo ce. Filayen yara suna can hanyar Summerfield, sai an wuce gonakin dawakai. Iyaye kan zo da kujerun naɗewa da kulolin ruwa da yankakken lemo, su zauna a jere suna tafi a hankali kamar masu sauraron lacca. Ni kuwa da atamfata da jibgegiyar rigar sanyi nake zuwa, kuma ban taɓa zama ba. Ranar da ya fara zura ƙwallo a raga na rangaɗa guɗa irin ta kai amarya. Rafali ya hura usur ya tsayar da wasa, ya zo da gudu yana tambayar wa ya ji ciwo. Wata mata ta miƙo mini ruwa. Na yi musu bayani iyakar iyawata, kafin ƙarshen shekarar sai ga iyayen yaran suna roƙona in koya musu. Ba wadda ta iya, harshensu ya ƙi kaɗawa, amma mun sha dariya.

Dokar satar gida ce ta ba ni wahala. Na yi shekara biyu ina faɗa da masu ɗaga tuta kafin in gane ta, bayan na gane kuma na ci gaba da faɗan, don a ganina ba a taɓa kama ɗanmu bisa gaskiya ba.

Yaya ce ke tuƙa mu. A gidan kula da tsofaffi take aiki, ta yi ta musayar ranakun aiki da abokan aikinta don Asabar ta zama tata. Amma ba ta fitowa daga mota. Yaron zai leƙa ta taga ya ce, "Mama, you coming?" Sai ta dube ni ta ce, "Ki ce masa ya ɗauki ruwansa." Shi a zatonsa barcin gajiya take yi. Ni na san inda take ajiye motar, can kan tudu ƙarƙashin wata bishiya, inda ake hango filin gaba ɗaya ta gilashin gaba. A hanyar dawowa ba za ta ce uffan a kan wasan ba. Sai mun shiga kicin daga ni sai ita, tana yanka albasa, za ta ce, "Masu shuɗiyar rigar nan sun yi abin kirki kuwa?" In na fara ba ta labari na yi kuskure ta gyara mini.

Ƙwallo ta kai shi jami'a, a nan cikin jihar, ba a karɓi ko sisi a hannunmu ba. Ɗan wasan gefe ne, gudu kamar an saki akuya daga turke. Da ya gama, manyan ƙungiyoyin ƙasar nan ba su ɗauke shi ba. Ya dawo gida yana koyar da yara ƙwallo da yamma, yana buga wasannin bazara, yana aika bidiyonsa duk inda aka ce masa akwai ƙofa. Mutanen masallaci suka fara tsayar da mahaifinsa bayan sallar Juma'a suna tambayar yaushe yaron zai nemi aikin gaske. Ni na ce da su Allah bai manta da kowa ba, kuma na faɗa da ƙarfin da ya sa ba a sake tambayata ba.

Sai ga kira daga Sweden, wata ƙungiya a rukuni na biyu, a wani ƙaramin gari na bakin teku, tana so ya zo gwaji. Ya tafi da jaka ɗaya. Ina ɗakin gwaje-gwaje na asibitin da nake aiki, hannuna cikin safar roba, wayata ta yi ta ruri a aljihu. Da na fita baranda na ɗauka, sai na ji shi ne, ya ce, "Anti, sun ba ni contract. Two years." Ban san lokacin da guɗa ta kuɓuce mini ba. Wani likita ya leƙo, na ce masa ya koma aikinsa, lafiya lau, ɗana ne ya zama ɗan ƙwallo. Na yi kuka, na yi dariya, na kira duk wanda lambarsa ke wayata, har da mai gyaran motata.

Ya dawo ya haɗa kayansa. Yaya ta kwana uku tana daka masa yaji, ta sayo masa rigunan sanyi masu kauri har akwati ya ƙi rufuwa. A filin jirgi ya rungume ni, ya rungume ƙannensa, sannan ya rungume ta. Ta tsaya ƙiƙam kamar turmi, ta juyo gare ni ta ce, "Ki ce masa ya riƙe salla, ya riƙa rufe ƙirjinsa." Ya saki jikinta ya ja akwatinsa bai waiwayo ba. Da muka koma gida ta shiga ɗaki ta daɗe ba ta fito ba.

Daga nan Asabar ɗinmu ta koma falon Yaya. Wasan la'asar ɗinsu hantsinmu ne, ƙaramar ƙanwarsa ke haɗa mana kwamfuta da talabijin. Labari ya bazu, mata suka fara zuwa, har daga Pleasant Garden akwai mai tuƙo mota da 'ya'yanta. Akwai wata Hajiya 'yar Maraɗi, maƙwabciyarmu, wadda ta fi kowa sanin ƙwallo kuma ta fi kowa zagin rafali, "arbitre" take ce masa. Mai sharhi da yarensu yake magana, ba ma jin komai sai sunan yaronmu, shi ma ya murɗe shi har sai mun yi gardama ko shi ake nufi. Yaya takan kafa tanda a kicin tana suyar masa, ga kunun gyaɗa a filas. Ƙofar kicin ɗin tana kallon talabijin, kuma ba ta taɓa rufe ta ba.

Makonnin farko a benci ya yi su. Mukan zauna mu ƙura wa allo ido muna jiran kyamara ta gilma ta wurin 'yan benci, in muka hango hularsa falo ya kaure da ihu kamar an ci kofi. Daga baya aka fara sako shi a ƙarshen wasa. Sannan wata rana muka ga sunansa cikin 'yan farko, na tashi na taka rawa a tsakar falo tun ba a take ƙwallo ba.

Ranar ce ya ci ƙwallonsa ta farko a Turai. An dawo daga hutun rabin lokaci, aka cillo masa ƙwallo ta gefen dama, ya tsere wa mai tsaron baya, ya yanko ciki, ya narka ta a kusurwar raga. Hajiya 'yar Maraɗi ta jefar da gyalenta sama ya maƙale a fanka. Yara suka hau kujeru. Ni na yi guɗa har maƙogwarona ya yi zafi, na rungume wata baƙuwa da ban ma san sunanta ba. Na waiga kicin, na ga Yaya tsaye a bakin ƙofa da cokalin juya masa a hannu, leɓunanta na motsi, na san hamdala take yi. Da muka haɗa ido ta koma ciki da sauri kamar an kama ta da sata.

Da aka tashi wasa ba mu kashe talabijin ba, don mun ga ana jan sa gefe za a yi hira da shi. Da Turanci aka yi, kowa a falon ya ji. Mai tambayar ta ce wa zai ba wannan ƙwallo. Yana haki yana murmushi ya ce ta antinsa ce da ke Greensboro, wadda ba ta taɓa fashin wasansa ba tun yana ƙarami. Mata suka juyo suna dukan kafaɗata, ni kuma kaina ya kumbura. Sai matar ta ce, iyayenka fa, suna kallo? Ya ɗan yi dariya ya ce mahaifinsa yana kan hanya, mahaifiyarsa kuwa ba ta taɓa kallon wasansa ko sau ɗaya ba, ƙwallo ba ta dame ta ba, shi ma kuma bai cika damunta ba, amma ba komai, ya saba.

Mata suka shiga kallon juna. Muka ji ƙaurin masa na ƙonewa. Can Yaya ta fito da faranti ta ajiye a tsakiya ta ce, "Ku ci tun da zafi." Muryarta ba ta sauya ba, amma ni ƙanwarta ce, na ga idonta. Mata suka ci kaɗan-kaɗan suka zame ɗaya bayan ɗaya.

Raina ya ɓaci ƙwarai. Wanda ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski, tunda ni aka ba ƙwallon, ni zan gyara ɓarnar. Na shiga motata na rufe ƙofa na kira shi. Ya ɗauka da murna yana tambayar ko na ji abin da ya faɗa a kaina.

"Na ji," na ce. "Uwarka ma ta ji, da mata goma sha wani abu a falonta."

Ya ce, "Anti, it's the truth."

"Gaskiyar gidanku. Wa ke kai ka practice duk shekarun nan? Aljanu?"

"Tana kai ni, tana barci a mota."

Na zayyana masa komai, tudun da bishiyar da gilashin mota, da tambayoyin kicin, da ƙofar da ba a rufewa. Na gaya masa mece ce kunyar ɗan fari, cewa wanda aka fi ji a rai shi ake ɓoyewa, cewa kakarsa haka ta yi wa uwarsa. Ya saurare ni har na gama. Sai ya ce cikin Hausarsa mai tsalle-tsalle, "Anti, ni a Greensboro aka haife ni. Wa ya taɓa gaya mini? Shekara ashirin da uku, ba ta taɓa cewa well done ba. Ba ta taɓa faɗin sunana ba. Ke kina sona, shi ya sa kike gyara mata." Kafin in ba shi amsa ya ƙara da cewa hutun ƙarshen shekara ba zai zo gida ba, zai bi wani abokin wasansa garinsu. "Wa zan zo gani? Ke ce, kuma kullum muna waya."

Nan tsoro ya kama ni. Na ga yara da yawa a ƙasar nan da suka fara da fashin hutu ɗaya, suka ƙare da gaisuwar salla ta saƙon waya. Ba faɗa, ba zagi, kawai igiyar ce ke sirancewa har ta tsinke. Kuma abin da ya fi ba ni haushi shi ne yaron bai yi ƙarya ba a iya abin da idonsa ya gani.

Na sami Yaya a bayan gida tana tsinkar kuɓewa a 'yar gonarta. Ban yi mata kwana-kwana ba.

"Yaya, yaron nan ya ce ba zai zo hutu ba."

"Allah ya tsare shi a inda yake."

"Abin da za ki ce ke nan? Ɗanki yana can yana gaya wa duniya ba kya sonsa."

Ta miƙe tana riƙe da ƙugu. "Inna ta taɓa kiran sunana? Na mutu? Na taɓa zuwa gidan rediyo na ce ba ta sona?"

"Ke kin girma a inda kowa ya san karatun. Shi wa ya biya masa? Ba'amurke kika haifa, Yaya, ko kin so ko kin ƙi. In ba a faɗa masa abu da baki ba, a wurinsa babu shi."

"To in zubar da mutuncina a gaban ɗan cikina saboda ƙwallo?"

"Ba saboda ƙwallo ba. Saboda kada ki rasa shi."

Ta koma kan kuɓewarta. Na tafi gida ina huci, na yi rantsuwar ba zan sake sa baki ba, rantsuwar da na san kaffara zan yi mata. Asabar ta gaba ta yi suyar masarta kamar kullum, ƙofar kicin a buɗe. Haka ta gaba da ita. Yaron yana ta haskawa, ya ci wasu ƙwallayen, ƙungiyarsu ta hauro saman tebur, falonmu ya ci gaba da cika, amma in ya kira ni ba ya tambayarta, in na ce ga Mama sai ya ce a gaishe ta. Ganyen bishiyoyi ya fara ja, kakar wasa ta zo ƙarshe. Wata rana muna wanke-wanke, ba ta dube ni ba ta ce, "Na duba fasfona, wa'adinsa bai ƙare ba." Na ajiye kwanon da ke hannuna don kada in fasa shi.

Na aika masa saƙo cewa muna zuwa wasansu na ƙarshe a gida. Ya amsa da kalma uku, "Both of you?" Na ce e. Bai sake cewa komai ba sai cewa zai ajiye mana tikiti a ƙofa.

Ni dai tun daga filin jirgi nake rawar kai. Na gaya wa ma'aikaciyar jirgi inda za mu, na gaya wa mutumin da ke kusa da ni, na nuna masa bidiyon ƙwallon farko sau biyu. Jirginmu ya yi latti, muka rasa jirgin ƙasan da muka yi niyya, ba mu isa garin ba sai ranar wasan, muka ajiye kaya a masauki muka nufi fili kai tsaye. Garin tsaf-tsaf, kekuna ko'ina, iskar teku tana shiga har ƙashi. Mutane na tafiya zuwa filin da mayafan wuya masu launin ƙungiyar, tsofaffi da jikokinsu. Na sayi mayafi biyu, na naɗa ɗaya, na miƙa wa Yaya ɗaya. Ta ce ita ba mahaukaciya ba ce, amma da sanyi ya ratsa ta ta karɓa ta naɗa a kan hijabinta. A bakin ƙofa na hango wani yaro fari sol sanye da riga mai sunan ɗanmu a baya. Na kama hannun Yaya na nuna mata. Ta kalla, ta kawar da kai, ta sake kalla.

Filin ƙarami ne, kujerunmu a layin farko, tsakaninmu da ciyawa ƙarfe ne kawai da allon talla. Da 'yan wasa suka fito ya duba wurinmu, na ɗaga hannu biyu ina tsalle. Yaya ta sunkuyar da kai tana gyara safar hannunta. Na ga fuskarsa ta ɗan canza, ya juya ya ci gaba da ɗumama jiki.

Wasa ya yi zafi, ga yayyafi. In suka ci za su buga wasan neman hawa rukuni na ɗaya, saboda haka duk filin a tsaye yake, ana waƙa ana buga ganga. Kafin hutu aka ba shi wata ƙwallo a gaban raga, daga shi sai gola, ta faɗo masa ta hagu. Maimakon ya buga nan take sai ya taɓa ta zuwa dama, kafin ya ɗaga ƙafa wani dogo ya zo ya share ta. Filin ya yi gunaguni, ni na dafe kai ina salati. Bayan hutu kuwa ya rama. Ya kwashi ƙwallo tun daga tsakiya, ya bi layi a guje ta gabanmu har ina jin numfashinsa, ya yanke mutum biyu, ya aika ta sama, abokinsa ya sa kai ta faɗa raga. Na saki guɗar da ban taɓa yin irinta ba. Wani tsoho mai jan hanci da ke bayana ya firgita, sannan ya fashe da dariya ya ce in ƙara, na ƙara masa har uku. Da ci ɗaya aka tashi, kuma mintunan ƙarshe ban san yadda na yi su ba, addu'a nake ina zagin rafali a lokaci guda.

Bayan usur ɗin ƙarshe 'yan wasa suka zagayo suna tafa wa 'yan kallo. Shi ya ware ya nufo mu, rigarsa duk taɓo. Da ya iso ya tsaya yana duban uwarsa kamar bai san abin da zai yi da hannuwansa ba. Sai ya tsuguna a kan jiƙaƙƙiyar ciyawar nan, a gaban dubban mutane, ya sunkuyar da kai ya ce, "Mama, sannu da zuwa. Kun zo lafiya?"

Yaya ta juyo gare ni. "Ki ce masa..."

Na nuna maƙogwarona. "Yaya, guɗa ta cinye muryata. Ga ki ga shi."

Ta harare ni hararar da tun muna yara nake tsoro, na kau da kai ina kallon masu ganga. Na fara tunanin na ɓata komai. Yaron yana tsugune bai motsa ba. Can na ji ta yi gyaran murya, idonta a kan allon talla.

"Ƙafarka ta hagu," ta ce. "Har yanzu ba ka yarda da ita ba. Tun wasan nan da aka yi da ruwan sama kana aji huɗu, ka juya ƙwallo dama, yaron nan mai jan gashi ya ƙwace, kuka yi rashin nasara ka ƙi cin abinci. Yau ma abin da ka yi ke nan. Ita ma ƙafa ce, Allah ne ya ba ka."

Ni da nake bakin layi ina ihu a ranar, wallahi na manta da wasan. Shi bai manta ba. Ya ɗago kai yana kallonta, bakinsa a buɗe.

"You saw that?"

"Tashi, ƙasar da sanyi."

Bai tashi ba. Ya matso da gwiwoyinsa ya kifa goshinsa a kan hannunta da ke riƙe da ƙarfen, kafaɗunsa na girgiza. Yaya ta ci gaba da kallon allon talla, hawaye na bin kumatunta, amma ba ta janye hannun ba.